Robar da Ta Kwanar da Mu a Birnin Kudu

Motar da nake hawa ta girmi Jihar Jigawa. An ƙera ta a Jamus a 1988, ita kuwa jihar sai a watan Agustan 1991 aka yanke ta daga Kano. Golf ce samfuri na biyu, irin wadda direbobin haya suka daɗe suna cusa fasinja shida a ciki, su ɗaure buhuna a baya har ƙofar but ta ƙi rufuwa. Marigayi mahaifinmu ya saye ta a hannun wani dillalin motocin Kwatano da kuɗin sallamarsa daga aikin koyarwa, ya hau ta har ƙarshen ransa. Ranar rabon gado babu wanda ya ɗaga ido ya dube ta cikin 'yan'uwana, sai ta faɗo a rabona, na kuwa karɓa ban nuna wa kowa cewa da ma ita nake so ba.

A cikinta na ɗauki Baffa, ƙanin mahaifinmu, wata Juma'a a tsakiyar bazarar bana, muka nufi Ningi. Washegari Asabar da ƙarfe 11 na safe za a ɗaura auren ƙanena. Baffa ne wakilin ango, sadakin kuma yana cikin aljihun 'yar cikina. Sauran dangi za su taso a bas ranar Asabar ɗin, mu aka ce mu yi gaba, domin akwai 'yar maganar da ba a ƙarasa da dangin amarya ba, irin maganar da ba a yin ta a waya.

Gara in faɗi gaskiya tun daga nan: na san motar ba ta da cikakkiyar lafiya. Wata huɗu ke nan tana fama da wani ciwo mai wuyar sha'ani. Da safe, injin yana da sanyi, sai ta tashi lafiya lau. Da zarar ta ɗauki zafi aka tsaya a danja ko a cunkoso, sai ƙarar injin ta riƙa hawa tana sauka ita kaɗai kamar mai haki, can sai ta ɗauke. A buɗaɗɗen titi kuwa, idan an taka totur, ba ka da abin cewa. Gareji uku na kai ta a Kano. Na farko ya canza fulogi. Na biyu ya kwance kafireto, ya wanke shi da fetur, ya hure ƙofofinsa da baki, ya mayar. Na uku ya ɗauki sukudireba ya murɗa wasu ƙusoshin saiti guda biyu, ƙarar injin ta ɗaga, mutuwar ta yi sauƙi na kwana goma, amma shan mai ya ƙaru har na fara lissafin kowace fita. Tun da aka cire tallafin mai a ƙarshen watan Mayun 2023, lita ɗaya ta daina zama abin da ake yafewa. Da na koma masa sai ya yanke hukunci: kafireton ya gama yayinsa, ko a nemo wani na Beljiyam a ɗora, ko in rabu da motar tun tana da sauran daraja. Kuɗin da ya ambata ya haura rabin albashina. Uwargidana ta goyi bayan shawara ta biyu. Na ce a bari a gama biki tukuna.

Mun bar Kano da hantsi, hanya a buɗe, mota tana tafiya sumul, Baffa yana ba ni labarin zamanin da titin nan yake falle ɗaya. Na manta, ko kuwa na yi kamar na manta, cewa Juma'a ce ranar kasuwar Wudil. Wanda ya san garin ya san abin da hakan ke nufi. Kara, kasuwar shanun nan da ake zuwa daga nesa, tana cika ta batse. Tireloli suna jeruwa a gefen titi suna jiran a loda musu dabbobi zuwa Kudu. Fulani da sandunansu, dillalai, 'yan kamasho, masu sayar da igiya, masu fura da nono, kowa yana tsallaka titi a inda ya ga dama. Tun kafin mu kai gadar kogi tafiya ta koma taku ɗaya, tsayawa ɗaya.

A nan motar ta tona mini asiri. Sau bakwai ta mutu kafin mu fita daga garin, Baffa ne ya ƙirga. Sai na koma taka burki da diddige ina ɗan taɓa totur da yatsun ƙafa don kada injin ya ɗauke. A wata 'yar gangara dabarar ta ƙwace mini, injin ya mutu motar tana tafiya. Na taka burki ya kama, na saki, na sake takawa, a na uku sai na ji shi kamar na taka dutse. Burkin irin waɗannan motoci yana samun taimako ne daga zuƙar iskar da injin ke yi, idan injin ya mutu, taimakon da ya rage bai wuce na taku biyu ko uku ba. Wani yaro yana gabanmu yana jan bijimi. Burkin hannu na fizga, muka tsaya ƙahon san yana kusa da fitilar mota. Baffa bai ɗaga murya ba. Cewa kawai ya yi, "Kai ɗan nan, sadakin mutane ne a jikinka, ga kuma tsoho ka ɗauko. Ka nemi makaniki."

Ban nema a Wudil ba, domin da muka fita fili sai ta sake zama mutuniyar kirki, ni kuma na yi ta ba Baffa haƙuri. Muka wuce Darki, muka wuce Takai, gonaki a share suna jiran ruwan farko, rana tana dukan kwalta har tana walƙiya. Sai dai duk lokacin da na ɗage ƙafa daga totur sai in ji salansa tana tas-tas, allurar zafi kuma ta ɗan haura inda ta saba tsayawa. A wani shingen jami'an tsaro dab da Birnin Kudu ta sake mutuwa, ta kuma ƙi tashi sai da aka tura. Daga nan magana ta ƙare.

Na ratsa Birnin Kudu ya fi a ƙirga, ban taɓa tsayawa ba. Abin da na sani game da garin bai wuce abin da kowa ya sani ba: tsohuwar kwalejin gwamnati wadda ta yaye manyan mutane da dama, ciki har da Alhaji Aliko Ɗangote, da babban asibitin tarayya, sai kuma duwatsun nan da ake hangowa, manya a kan ƙanana, kamar wani ne ya jera su ya tafi. Gareji biyu muka fara leƙawa a bakin titi. A na farko saurayin ya ce shi injekta ya koya. A na biyu aka ɗauko mana na'urar nan da ake jona wa mota ta faɗi ciwonta da kanta, aka duba ƙarƙashin sitiyari babu inda za a jona ta, aka yi dariya, har da ni. Wani mai shayi ne ya ce mu zaga bayan tasha, mu tambayi tsohon da ke ƙarƙashin tsamiya.

Garejin ba shi da allon suna. Tsamiya ce babba, da benci da aka yi da kujerar wata tsohuwar mota, da akwatin ƙarfe mai kwaɗo, da yara uku masu koyon aiki, da gawar wata Golf marar tayoyi wadda kaji suka mayar akurki. Maigidan zai kai shekara 70, tabaransa an ɗaure ƙafarsa ɗaya da waya. Daga baya na ji cewa a Kaduna ya koyi aiki, a wani gareji, zamanin da ake harhaɗa Peugeot 504 a garin, kowane babban ma'aikaci kuma burinsa ya mallaki ɗaya. Suka gaisa da Baffa gaisuwa mai tsawo, aka tambayi hanya, aka tambayi zafi, aka shimfiɗa masa tabarma. Sannan ya juyo gare ni.

Na fara da cewa kafireto ne ya mutu. Ya ɗaga hannu. "Malam, kada ka gaya mini abin da ya lalace. Gaya mini abin da take yi, da lokacin da take yin sa." Sai ya shiga jero tambayoyi kamar alƙali. Da sanyi take yi ko da zafi? A tsaye ko a tafe? Idan na ɗage ƙafa, salansa tana harbi? Shan man nan, kafin a taɓa ta ya fara ko bayan an taɓa ta? Wannan ta ƙarshe babu wanda ya taɓa yi mini ita, ni ma ban taɓa yi wa kaina ba. Da na ce bayan an taɓa ta ne, sai ya gyaɗa kai, ya ce a tayar.

Ya bar injin ya yi zafi sosai, yaro ɗaya yana riƙe da totur kada ya mutu. Ya cire matatar iska, bakin kafireto ya bayyana, ya ɗora tafin hannunsa ya rufe rabinsa. Ina jiran injin ya shaƙe ya mutu, sai na ji ƙararsa ta ɗaga ta kuma daidaita. "Ka ji?" in ji shi. "Na rage mata iska, ta ji daɗi. Ke nan tana samun iska ta wata ƙofar da ba wannan ba." Ya ɗauko guntun tiyo, ya sa baki ɗaya a kunnensa, ɗaya bakin kuma ya riƙa bin sassan injin da shi. Kafireton wannan mota, wanda kamfanin Pierburg ya yi, yana da siraran tiyo-tiyo masu yawa, ya bi su ɗaya bayan ɗaya, yana matse kowanne da yatsa yana saurare. Ya duba babban tiyon da ya tafi wajen burki. Duk bai tsaya ba sai da ya zaga bayan kafireton, can ƙasa, ta wajen da ido ba ya kaiwa. Ya miƙo mini tiyon. Na sa a kunne, na ji wani siririn tsaki marar yankewa.

Bai gamsu da kunne kaɗai ba. Ya kama kafireton da hannu biyu ya ɗan karkato shi gaba, injin ya yi kamar zai mutu. Ya mayar da shi baya, ya farfaɗo. Ya aiki yaro ya sayo ledar ruwa, ya huda ta da allura, ya tsirta siririn ruwa a gindin kafireton. Ruwan bai gangara ba, ciki ya shige, injin ya yi tuntuɓe. Ya ce wasu da fetur suke wannan gwaji, ƙarar injin ta ɗaga idan an dace da wurin, amma shi ya daina tun ranar da ya ga mota ta kama da wuta a gabansa, domin bututun hayaƙi yana nan ƙasa da wurin, da zafinsa. A ƙarshe ya zura fasasshen madubi ya ce in leƙa. Na ga wata baƙar roba mai kauri tsakanin kafireto da abin da yake zaune a kai, da tsaga a jikinta wadda ta kai tsawon ɗan yatsa. Wata huɗu ana zaton wuta a maƙera, ashe tana masaƙa.

Ga mai karatun da bai taɓa leƙa ƙarƙashin bonet ba, ga yadda abin yake. Injin fetur ba ya ƙona mai zalla, sai an gauraya shi da iska, kuma gaurayen yana da ma'auni: kimanin kilo 14.7 na iska ga kowane kilo ɗaya na fetur. Aikin kafireto ke nan. Iskar da injin ke zuƙa tana bi ta wani maƙogwaro mai ƙunci a cikinsa, saurinta ya ƙaru, ta jawo fetur daidai gwargwadonta. Daga nan gaurayen ya sauka cikin manifol, wato bututun alminiyam mai rassa huɗu da ke raba shi ga silinda huɗu. Duk lissafin ya dogara ne a kan sharaɗi guda, cewa babu iskar da za ta shiga injin sai ta bakin kafireto. Idan aka samu tsaga a ƙasansa, iska ta shiga ba tare da rabonta na fetur ba, gaurayen ya tsinke kamar kokon da aka cika wa ruwa.

Wannan ne ya bayyana duk abin da ya ɗaure mini kai. A sulo, wato lokacin da injin ke aiki ba a taka totur ba, ƙofar kafireto kusan a rufe take, iskar da ke wucewa kaɗan ce, zuƙar da ke ƙasa kuma ta fi ƙarfi, saboda haka 'yar tsagar nan takan shigo da kaso mai yawa na dukan iskar, injin ya rasa abin ƙonawa ya mutu. A guje kuwa ƙofar a buɗe take, abin da tsagar ke ƙarawa ba ya taka kara ya karya. Da safe cok yana ƙara mai, sai ya rufa wa tsagar asiri har injin ya yi zafi. Makanikina na uku, da ya murɗa ƙusoshin nan, ƙara mai ya yi don ya biya bashin iskar ɓarauniya, tsagar kuwa tana ci gaba da buɗewa. Tsinkakken gauraye kuma yana ƙuna da zafi fiye da kima, idan aka daɗe a haka yana iya cinye bakin bawul, aiki ya koma na sauke kan injin. Da tsohon ya kwance fulogan ya jera su a kan benci, ba su zo da launi ɗaya ba, wasu sun yi fari fat, wasu da duhu.

Na tambaye shi abin da ya sa za a ɗora abu mai muhimmanci haka a kan roba, ga ƙarfe. Ya ce ai da gangan ne. Kafireto yana da ɗan ƙoƙon da fetur ke taruwa a ciki, girgizar injin tana sa man ya yi kumfa, zafin injin kuma yana iya tafasa shi. Robar nan, wadda aka manne ta da faranti na ƙarfe, ita ke shanye girgizar ta kuma tare zafin. Sai dai a wannan injin, bututun shigar mai da na fitar hayaƙi duk a gefe ɗaya suke, ta baya, na shiga a sama, na fita a ƙasa. Robar tana zaune ne a kan murhu. A ƙasan manifol ɗin ma akwai wani abin ɗumama gauraye da lantarki mai tsinaye a jiki, wanda a Jamus suke kira bushiya saboda kamarsa, abin da aka yi don sanyin ƙasarsu, ya zo ya tarar da bazarar Jigawa. Ban ga laifin maƙeranta ba. Robar da ta sha zafi da tururin fetur shekara da shekaru ta yi abin da aka sa ta. Wani abin kuma namu ne: akwai ɗan ƙarfen da ke tallafe matatar iska, wani ya taɓa kwance shi bai mayar ba, nauyin duka ya koma kan robar, kowane rami a titi yana ƙara yage ta.

Na ce ko za a shafa gam mu ƙarasa, in ya so a gyara a Kano. "Zan iya shafa maka," in ji shi. "Zai kai ka Babaldu, wataƙila ma Ningi. Amma mai laushin fetur yana cinye shi, mai taurin kuma ba ya lanƙwasa, ita kuwa roba aikinta ke nan motsi. Ranar da zai saki ba zai yi shawara da kai ba." Baffa daga kan tabarma ya ce, "Malam, yi mana na gaskiya." Aka sa yaro ya kori kaji ya kwanto mazaunin da ke jikin gawar Golf ɗin nan. A ido lafiyarsa ƙalau, har na fara murna. Tsohon ya kama shi ya lanƙwasa da manyan yatsunsa, sai ga tsagogi sun buɗe ko'ina kamar faso a diddige da hunturu. Ya ce roba ba ta jiran a yi aiki da ita kafin ta tsufa.

Saura Kano. Yana da wani tsohon yaronsa da yanzu yake da rumfar kayan gyara a kasuwar Ƙofar Ruwa. Aka ɗauki hoton tsohon mazaunin da wayar ɗaya daga cikin yaran, gaba da baya, aka tura ta WhatsApp, aka yi ciniki, na je wajen mai POS na aika kuɗin. Bai kai kashi ɗaya cikin goma na abin da aka ce in tanada don kafireto ba. Aka ce za a ba direban haya da zarar an sauko daga Juma'a. Wannan hanyar aike, wadda ba ta da rasiɗi sai lambar wayar direba da launin motarsa, ita ke riƙe da rabin garejojin ƙasar nan, ban kuma taɓa jin an rubuta ta a wani littafin tattalin arziki ba.

Bayan masallaci aka kawo mana shinkafa da wake daga gidan tsohon. Baffa ya miƙe a tabarma suka shiga hirar mutanen da, ni kuwa zaman jira ya ishe ni, sai babban yaron ya ce ko zai kai ni in ga zane. Ya goya ni a babur zuwa Dutsen Habude, ɗaya daga cikin wuraren da ke ƙarƙashin kulawar hukumar gidajen tarihi ta ƙasa, tare da Dutsen Mesa da wasu. A ƙarƙashin wata rumfar dutse, inda ruwan sama ba ya kaiwa, akwai hotunan shanu da aka zana da jan launi, sun koɗe har sai ido ya saba kafin ya raba su da jikin dutsen. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne wasunsu dogayen ƙahoni gare su amma ba su da tozo. Da safen nan na ratsa dubban shanu a Wudil, kowanne da tozonsa. Wanda ya yi zanen nan wasu shanu ya sani, ba waɗannan ba.

Yaron ya ɗauki wani dunƙulen dutse ya ƙwanƙwasa gefen wani falalen, sai ga ƙara kamar ta ƙararrawa. Ya matsa kaɗan ya sake bugawa, murya ta canza. Wuraren bugun sun lotsa sun yi santsi saboda yawan hannayen da suka riga mu. Waɗannan duwatsun kiɗa ne Bature mai binciken tarihi Bernard Fagg, wanda ya kafa gidan tarihi na Jos, ya yi rubutu a kansu a tsakiyar shekarun 1950. Na yi karatu har jami'a a Kano, tafiyar awa biyu daga nan, sai da roba ta tsage na zo na ji su.

Saƙo ya iso bayan la'asar sakaliya, a baƙar leda, direban ya miƙo ta taga bai ko kashe mota ba. Tsohon bai yi gaggawar ɗaurawa ba. Ya shinshina robar, ya danna ta da farce ya ga ta dawo, ya kifa ta a kan gilashi ya duba ko akwai inda ta ɗaga, ya haɗa ta da tsohuwar ya ga ramukan sun dace. Ya ce iri biyu ne a kasuwa, akwai wadda ba ta wuce damina ɗaya, ya kuma gaya wa yaronsa wadda yake so.

Aikin kansa bai kai awa ɗaya ba, yaran ne suka yi, shi yana zaune a kan akwati yana kallo. Aka fara cire kan batir. Kowane siririn tiyo da za a zare sai an ɗaura masa zare, an ɗaura irinsa a inda ya fito, domin idan aka sauya musu wuri an sayi sabon ciwo. Aka zare tiyon mai aka toshe shi, aka saki wayar totur. Dogayen notina uku ne suka ratsa kafireton daga sama, da aka kwance su sai ya ɗago gaba ɗaya, aka jingine shi gefe a tsaye don kada man cikinsa ya zube. Nan take tsohon ya ce a cusa tsumma mai tsabta a bakin manifol, ya ce noti ɗaya ya faɗa ciki, auren nan sai dai a ɗaura ba mu. Notina huɗu suka saki tsohon mazaunin. Da aka fito da shi haske, tsagar ta kusa zagaye rabinsa. Aka kankare fuskar manifol da reza a hankali, ba a yarda an ƙarce alminiyam ɗin ba, aka goge, aka cire tsumman, aka zaunar da sabon. Wajen ɗaurewa ne kaɗai ya karɓi sufana da kansa, yana bin notinan a gicciye, kaɗan a nan, kaɗan a can, har suka zauna daidai. Ya ce yawancin masu lalata sabon mazauni da ƙarfin hannu suke lalata shi.

Yaran sun gama mayar da komai suna shirin tayarwa, sai ya ce, "Kai, wannan fa?" Wata 'yar waya ce ke lilo a gefe. Tun da roba ba ta wuce da lantarki, kafireton da ke zaune a kanta a yanke yake daga jikin injin, sai da wannan waya kayan lantarkin da ke jikinsa suke samun hanyar komawa. Yaron ya sunkuyar da kai ya ɗaura. Aka kuma aika wajen mai walda ya lanƙwaso ɗan ƙarfe a madadin matallafin da ya ɓata.

Da aka tayar, gabana ya faɗi. Injin ya ɗauki ƙara sama, salansa tana fitar da baƙin hayaƙi mai yaji a ido. Tsohon ya dube ni ta saman tabarau. "Kada ka damu, Malam. Tsagar ta tafi, saura ƙaryar da aka yi mata." Man da aka ƙara don biyan iskar ɓarauniya shi ne yanzu ya yi yawa. Ya jira injin ya yi zafi, ya sa sukudireba, yana murɗa ƙusar mai kwata-kwata, yana dakatawa bayan kowace murɗa, kansa a karkace. Ya sauke sulo, ya koma kan mai, ya sake komawa sulo. Hayaƙin ya washe. Ƙarar ta sauko ta kwanta, irin wadda na sani ina yaro idan mahaifinmu ya tsaya a ƙofar gida yana sallama da maƙwabci bai kashe mota ba. Ya sake kama kafireton ya girgiza, ya sake tsirta ruwa. Babu abin da ya canza.

Na tambaye shi ko sana'ar tasa ba ta kusa ƙarewa ba. Tun daga 1992 zuwa 1993 dokokin hayaƙi na Turai suka sa masu ƙera motoci suka koma injekta, a 1992 ɗin kuma aka daina yin Golf 2 bayan an ƙera sama da miliyan shida. Ya ce a mota kam ta kusa, amma in dubi titi: babur, da janareto, da injin ban-ruwa, yawancinsu kafireto ne, kuma babura da yawa suna da irin wannan roba a wuya, tana tsagewa, ana ta wanke musu kafireto a banza. Ni dai ban ɗauki makanikaina uku na Kano a matsayin macuta ba. Mu masu motoci ne muka saba musu. Idan mutum ya canza maka abu ya nuna maka tsohon, kana biya da daɗin rai. Idan ya yi rabin awa da tiyo a kunne, sai ka ce ai bai yi komai ba. Da na tambayi tsohon abin da zan bayar, ya ce in sallami yaran, su suka yi aikin hannu, nasa kuɗin kunne ne, in ba da abin da ya sauƙaƙa. Na ba da, Baffa ya leƙa hannuna ya ce in ƙara.

Magariba ta riga ta yi. Ya hana mu kama hanyar Ningi da dare, ya sa aka share mana ɗakin zaurensa. Baffa ya yi waya ya shaida wa dangin amarya cewa maganar sai da safe. Kafin barci suka yi ta tsokanar juna a kan tarihi, tsohon yana cewa mu Kanawa da ƙarfin hali, za mu je neman aure wurin Ningawan da kakanninsu suka hana kudancin Kano barci a ƙarni na 19, Baffa yana cewa ai malaman da suka kafa sarautar daga Tsakuwa suka tashi, gida za mu.

Da asuba muka tashi. A kwanar Babaldu muka saki babban titi, duwatsun Ningi suka fara bayyana cikin hazon safiya. A shingen farko na taka burki, na mayar da giya sako, ƙafata ta dama ta nufi totur da kanta saboda sabon wata huɗu. Na janye ta na ajiye a ƙasa. Jami'in ya duba takardu, ya leƙa but, ya tambayi inda muka nufa, ya yi wa ango fatan alheri, duk injin yana aiki shi kaɗai. Mun shiga Ningi kafin ƙarfe 8, maganar da ta kawo mu ta ƙare a kan shayi, an kuma ƙirga sadaki a gaban shaidu a kan lokaci. Tsohon mazaunin yana nan a aljihun gaban mota, Baffa ne ya nannaɗe shi a leda ya ce in kai wa uwargidana ta gani.